Russ Bray da aikin mai kiran maki a wasan jifan kibiya na ƙwararru

Ranar 3 ga Janairu, 2024, aka buga wasan ƙarshe na gasar duniya ta jifan kibiya, wato dat, a zauren Alexandra Palace da ke arewacin Landan, ƙarƙashin PDC, hukumar da ke shirya gasannin ƙwararrun 'yan wasan. Luke Humphries mai shekara 28 ya kara da Luke Littler, yaro ɗan shekara 16 wanda wata guda kafin nan masu bin wasan sosai kaɗai suka san da zamansa. Humphries ya ci da zango 7 da 4, ya ɗauki kofi da fam 500,000, Littler ya tafi da fam 200,000. Tashar Sky Sports ba ta taɓa samun 'yan kallo masu yawan na daren ba a wani wasa da ba ƙwallon ƙafa ba.

A daren ne kuma wani dattijo mai shekara 66, wanda bai jefa kibiya ko ɗaya ba, ya yi sallama da babban dandamalin. Sunansa Russ Bray, laƙabinsa "Murya". Ya shekara 28 yana tsayawa a gefen faifan jifa da makirufo a hannu, yana faɗin abin da kowane ɗan wasa ya ci. Miliyoyin mutanen da ba za su iya gane shi a titi ba sun san yadda yake ja wa "ɗari da tamanin" rai da muryar nan tasa mai kaushi. Wannan kirarin shi ya yi masa suna, amma a ganina shi ne mafi sauƙi a cikin aikinsa.

Yadda wasan yake

Faifan jifa an raba shi gida 20, kowane gida da lambarsa. Akwai siririn zobe a bakin faifan, kibiyar da ta shige shi ta ci ninki biyu na lambar gidan. Akwai wani siririn zoben a ciki, shi kuma ninki uku ne. Cibiyar faifan maki 50 ce, da'irar da ke kewaye da ita 25. Cibiyar tana mita 1.73 daga ƙasa, ɗan wasa kuma yana tsayawa a bayan layi mai nisan mita 2.37. Kowa yana jefa kibiya uku, sai ya ba abokin karawarsa wuri. Mafi yawan abin da kibiya uku za su ci shi ne 180, idan duka sun shiga ninki uku na gidan 20.

Kowane turmi ana fara shi da maki 501, ana ragewa har a kai sifili. Sharaɗin shi ne kibiyar ƙarshe dole ta shiga zoben ninki biyu ko cibiya, kuma ta kai lissafin sifili daidai. Wanda ya zarce, ko ya bar 1, jifansa na wannan karon ya tashi a banza, ya koma inda yake. A gasar duniya wanda ya ci turmi uku ya ci zango ɗaya, kuma a wasan ƙarshe zango bakwai ake nema.

Mutane da yawa ke aiki a kan wasa ɗaya, kuma sau da yawa ana cakuɗa su. Akwai mai gabatarwa, wanda ke kiran 'yan wasa su hau dandamali, aikin da John McDonald ya daɗe yana yi wa PDC. Akwai masu sharhi a talabijin, irin su marigayi Sid Waddell da aka sa wa kofin gasar sunansa, da Wayne Mardle. Akwai masu rubuta maki a gefen faifai. Akwai ma wanda ke zaune a bayan fage yana hasashen gidan da kibiya ta gaba za ta nufa domin masu kyamara su riga ta isa. Mai kiran maki daban yake da duk waɗannan, domin shi ne alƙalin wasan. Abin da ya faɗa shi ake rubutawa.

Daga ɗan sanda zuwa dandamali

An haifi Bray a 1957 a yankin Essex. Ya yi aikin ɗan sandan kula da zirga-zirgar motoci a Landan, kuma shi ma ɗan wasan dat ne, ya buga wa gundumar Hertfordshire. Shigarsa kiran maki ta zo ne ba shiri: wata rana mai kiran da aka saba da shi bai zo wasan gunduma ba, aka miƙa masa makirufo.

Lokacin kuma wasan yana cikin rikici. A farkon shekarun 1990 manyan 'yan wasa, ciki har da Phil Taylor da Eric Bristow, suka ɓalle daga tsohuwar hukumar BDO saboda talabijin ta juya wa wasan baya kuma kuɗi sun ja baya. Suka kafa tasu ƙungiyar, wadda daga baya ta zama PDC, suka haɗa kai da Sky Sports. Sabuwar hukumar tana son wasa mai armashi, da fitilu da kiɗa da hayaniya. Bray ya shigo a 1996, a matsayin mai jiran gado a bayan Bruce Spendley da Freddie Williams. Shi ne ke riƙe da makirufo a Blackpool a 2002 lokacin da Taylor, yana karawa da Chris Mason a gasar World Matchplay, ya gama turmi da kibiya tara kacal, wanda shi ne mafi ƙarancin abin da lissafi ya yarda da shi. Wannan ne karon farko da aka nuna irin haka kai tsaye a talabijin a Birtaniya. Da aka ɗauke gasar duniya daga ƙaramin zauren Circus Tavern zuwa Alexandra Palace a ƙarshen 2007, Bray ya riga ya zama muryar da aka fi sani a wasan. Game da kaushin muryar, shi da kansa ya sha danganta shi da shekarun da ya yi yana shan taba.

Lissafin da ba ya jira

A matso kusa da faifan a ga abin da idonsa yake gani. Faɗin zoben ninki uku bai wuce milimita 8 ba. Ɗan wasa ya jefa ta farko, ta shige ninki uku na 20. Ta biyu ta bi ta, ta kwanta a jikinta. Ta uku ta zo ta kutsa tsakaninsu, fikafikan biyun farko sun rufe bakinta. Daga inda 'yan kallo suke, har ma a kyamara, kamar duka ukun suna ciki. Mai kira sai ya ɗan sunkuya, ya leƙa ta gefe, ya ga ta wane ɓangaren wayar da ta raba gidajen faifan tsinin ya shiga. Idan ciki ne, 180. Idan ya haura wayar da kaurin gashi, 140. Wajibi ne ya yanke kafin ɗan wasan ya iso ya zare kibansa, domin da zarar an zare, shaida ta tafi. Kibiyar da ta daki waya ta faɗo ƙasa ba ta ci komai ba, haka ma wadda ta soki gindin 'yar'uwarta ta maƙale ba tare da tsininta ya taɓa faifai ba.

Wannan idan kibau sun taru a gida ɗaya ke nan. Sau da yawa ba sa taruwa. Ɗan wasa yana da 263, ya ci ninki uku na 20, ta biyu ta kauce ta faɗa 5, ya sauka ƙasa ya ci ninki uku na 19. Wato 60 da 5 da 57, jimla 122. Mai kira zai faɗi 122 kusan tare da saukar kibiya ta uku, kuma a ransa ya riga ya san saura 141, domin idan layi ya sake zagayowa kan wannan ɗan wasan shi ne zai sanar da shi. A tsakani kuma ga ɗaya ɗan wasan ya riga ya taka layi yana jifa, da nasa lissafin daban. Masu saurin hannu irin su Michael van Gerwen da Littler, balle Ricky Evans, suna sakin kibiya uku cikin 'yan daƙiƙu. Wasan ƙarshe yana iya kai turmi 40 ko fiye, kowane turmi da kira kusan goma. Ba kalkuleta, ba damar cewa a dakata in sake ƙirgawa.

Gaskiyar magana, masu wannan aikin ba tarawa suke yi ba irin ta ɗan makaranta. Sun haddace siffofin ne. Ido ya ga ninki uku na 19 da na 18 da na 17, baki ya ce 162, kamar yadda mai karatu ba ya tsayawa haɗa baƙaƙe. Shi ya sa yawancinsu suka fito daga cikin 'yan wasa ko masu rubuta maki na ƙananan gasanni, inda aka shekara ana riƙe alli. Kirk Bevins, ɗaya daga cikin waɗanda suka yi aiki tare da Bray, tsohon malamin lissafi ne wanda ya taɓa lashe gasar lissafi da kalmomi ta talabijin a Birtaniya a 2009.

Akwai kuma ƙa'idar lokacin da ake sanar da saura. Mai kira ba ya faɗa wa ɗan wasa abin da ya rage masa sai lambar ta zama wadda kibiya uku za su iya gamawa. Mafi girma ita ce 170: ninki uku na 20 sau biyu, sannan cibiya. Amma a ƙasa da ita akwai lambobi bakwai da ba su gamuwa ko ta yaya aka juya su, 169, 168, 166, 165, 163, 162 da 159. Ɗan wasan da ke kan 167 za a kira sunansa a ce masa yana bukatar 167. Wanda ke kan 166 ba za a ce masa komai ba. Wani abin ban dariya, shekara biyu a jere 'yan wasan ƙarshe takwarorin juna ne, Michael Smith da Michael van Gerwen a 2023, Luke da Luke a 2024, don haka sunan farko bai bambance komai ba, lambar ce kawai za ta nuna da wa ake.

Abin da baki ba ya faɗa

Wasan 2024 ya juya ne a zango na bakwai. Littler yana gaba da 4 da 2, kuma ya samu damar mayar da shi 5 da 2. Yana bukatar 112. Kibansa biyu na farko suka ci 108, saura 4, wato ninki biyu na gidan 2, wani lungu a ƙasan faifai ta dama da ƙwararru ba safai suke neman sa ba. Ya jefa, ya kuskure. Humphries ya ci zangon, kuma daga nan bai sake waiwayowa ba, zango biyar a jere ya ci.

A irin wannan gaɓar ne ake ganin iyakar mai kira. A tsakiyar jifa ba ya cewa uffan sai an tambaye shi. Ɗan wasa yana da haƙƙin juyowa ya tambayi me ya ci ko nawa ya rage, kuma dole a ba shi amsa daidai nan take. Amma lamba kawai za a ba shi. Idan saura 4, za a ce 4. Ba za a ce masa ya nemi ninki biyu na 2 ba, domin wannan koyarwa ce, ba alƙalanci ba. Idan ɗan wasa ya yi kuskuren lissafi a ransa ya nufi gidan da ba shi ba, mai kira yana gani, ya san abin da ke shirin faruwa, amma zai yi gum har kibiyar ta sauka, sannan ya sanar cewa jifan bai ci komai ba. Mutumin da ya fi kowa sanin lissafin a zauren shi ne aka hana ya taimaka, kuma ko da motsin fuska ko gyaran murya bai kamata ya yi ba.

Haka nan tsayuwarsa. Yana kusa da faifai, cikin ganin ɗan wasa, don haka ba ya motsi lokacin da hannu ya ɗaga. Shi ke ba da izinin fara turmi, ya faɗi wanda zai fara jifa. Shi ke lura kada ƙafa ta haura layi, kada wanda ke jiran layinsa ya matso bayan mai jifa ya dame shi. Kuma ko kibiya ta shiga ninki biyu a gaban idon duniya, turmi bai ƙare ba sai ya buɗe baki ya ce an ci.

To, ina amfanin muryar?

Zauren da aka yi wasan 2024 a Alexandra Palace yana ɗaukar mutum wajen 3,000. Yawancinsu suna zaune a dogayen tebura, sun yi shigar barkwanci, suna shan giya suna waƙa, kuma daga inda suke faifan bai wuce ɗigo ba. Manyan allunan talabijin suke kallo, idan ma suna kallon. Muryar mai kira ce take gaya musu lokacin da za su tashi. Wanda ya saurari Bray zai lura cewa kiransa hawa-hawa ne: 26 ko 45 a faɗe su a kwance kamar ba a so, 100 murya ta ɗan ɗaga, 140 ta ƙara, sai 180 ya saki maƙogwaro gaba ɗaya, zaure ya ɗauka, kowa ya ɗaga kwalin da aka rubuta 180. Ko wanda bai jin Turanci zai gane nauyin jifa daga sautin. Ta wannan fuskar ya yi kama da sankira a filin dambe, sai dai sankira yana da gwaninsa, shi kuwa mai kira ba a yarda ya yi gwani ba. A daren da kusan duk zauren ke bayan yaron nan Littler, Humphries ya ci 180 har sau 23, kuma kowanne sai an ja masa rai daidai da yadda aka ja wa 13 na Littler.

A gasar ta wannan shekarar kiran ma ya zama kuɗi. Kamfanin caca na Paddy Power, wanda ya ɗauki nauyin gasar, ya yi alƙawarin ba ƙungiyar yaƙi da sankarar mafitsara ta maza fam 1,000 a kan kowane 180. An ci 914, kamfanin ya cika kuɗin ya zama fam miliyan ɗaya.

Wani abin da mutane ba su cika lura da shi ba shi ne yadda kira ke riƙe wa 'yan wasa kari. Mai saurin jifa yana so kira ya fito ya wuce kafin ya taka layi. Idan mai kira ya ja 180 ya yi tsawo har ɗaya ɗan wasan ya ɗaga hannu, ya shiga haƙƙinsa. A wasan ƙarshe na 2023, turmin da ake cewa ba a taɓa yin kamarsa ba, van Gerwen ya ci 180, Michael Smith ya ci 180, van Gerwen 177, Smith ya sake 180. Van Gerwen yana bukatar 144, ya ci ninki uku na 20 sau biyu, ya kuskure ninki biyu na 12. Smith yana bukatar 141, ya gama. Duka wannan cikin kusan minti ɗaya. Mardle a ɗakin sharhi muryarsa ta ƙare, har yana cewa ya kasa magana. Mai sharhi yana da wannan damar. Wanda ke gefen faifai ba shi da ita, domin ana gama murna shi ne zai sanar da turmi na gaba da wanda zai fara.

Inda ikonsa ya tsaya

Kada a ɗauka alƙalin dat yana da ƙarfin na ƙwallon ƙafa. Ba shi da kati a aljihu, kuma babban abin da ke damun 'yan wasa, wato 'yan kallo, ba ya hannunsa. Idan aka fara fito ko ihu lokacin da mutum ke neman ninki biyu, iyakarsa ya roƙi a natsu, wani lokaci ya dakatar da wasa na ɗan lokaci. PDC ce ta gina kasuwarta a kan hayaniya, sannan ta bar mutum ɗaya da makirufo ya roƙi shiru, abin da nake ganin ba adalci ba ne a gare shi. Ranar 1 ga Janairu, 2023, Gerwyn Price na Wales, wanda 'yan kallon Ingila suka daɗe suna yi wa ihu, ya dawo daga hutu sanye da manyan abin toshe kunne irin na ma'aikatan masana'anta a wasansa da Gabriel Clemens na Jamus. Bai hana shi shan kashi 5 da 1 ba. Shi dai wannan Price ɗin ne suka yi cacar baki da Gary Anderson a wasan ƙarshe na Grand Slam a 2018, kuma hukuncin bai fito daga dandamali ba. Hukumar ladabtarwa ta DRA ce ta ci shi tara makonni bayan an tashi.

Ko na'ura za ta karɓe aikin?

Tambayar ba ta wasa ba ce. A Japan da wasu ƙasashen Asiya an daɗe ana wasa da faifan lantarki da kibau masu bakin roba, faifan ne ke ƙirga wa kansa. Yanzu kuma ana sayar da kyamarorin da ake ɗaura wa faifan gida su karanta inda kibiya ta shiga. Gasar tanis ta Wimbledon ta sallami alƙalan layi a 2025 ta koma na'ura. Ko a cikin PDC, a gasannin da ake yi ba 'yan kallo, inda 'yan wasa 128 ke karawa a kan faifai da yawa a jere a garuruwa irin su Wigan, yawancin wasannin ba mai kira a cikinsu. Mai rubuta maki ne kawai da ƙaramar kwamfutar hannu, zaure tsit. Wannan kaɗai ya nuna ana iya buga dat na ƙwararru ba tare da kira da ƙarfi ba, kuma rabin aikin Bray don 'yan kallo da talabijin aka ƙirƙire shi.

Amma ɗaya rabin yana nan. Kyamara tana iya rikicewa idan kibau suka rufe juna, a daidai wurin da aka fi bukatarta. Ba ta san ɗan wasa ya juyo yana tambaya ba, ba ta ganin wanda ke buga ƙafa a bayan abokin karawarsa, ba za ta yanke shawarar dakatar da wasa ba idan iska ta shigo dandamali tana karkatar da kibau, kamar yadda ya faru a wasan kusa da na ƙarshe tsakanin Adrian Lewis da James Wade a gasar 2012, har 'yan wasan suka sauka aka jira. Abin da na fi tsammani shi ne na'ura ta fara cinye aikin masu rubuta maki tukuna.

PDC dai ba ta nemi wani mai irin maƙogwaron Bray ta maye gurbinsa da shi ba. Ta ci gaba da waɗanda suka yi aiki tare da shi, George Noble da Kirk Bevins da Huw Ware ɗan Wales, ta kuma ƙaro matasa, kowa da irin muryarsa. Shi kuwa Bray an sa shi cikin jerin gwarazan hukumar a Janairun 2024, aka naɗa shi jakadanta, ya ci gaba da kiran wasu wasanni a gasannin da ake kaiwa ƙasashen waje, musamman na nahiyar Asiya.